Fita kallon kifin wel da yamma a Husabik: ta fi ta safe ne, ko talla ce kawai?

Ɗalibar Abadin ta rubuta:

Assalamu alaikum. Ina karatu a birnin Abadin na ƙasar Sukotland, kuma mahaifiyata za ta zo daga gida don bikin kammala karatuna a ƙarshen watan Yuni. Na yi niyyar in kai ta Aisiland na kwana huɗu, domin tun da ta ga hoton kifin wel yana ɗaga jela a wayata take cewa tana so ta ga wannan halitta da idonta. Garin da aka fi ambata mini shi ne Husabik, a arewacin ƙasar, kuma na ga jiragen ruwan can suna fita da safe, da rana, har da wajen ƙarfe 8 na yamma.

Tambayata ita ce, shin an fi samun ganin kifin a fitar yamma, ko kuwa masu jiragen ne suke ƙawata ta don a saya? Sannan Hajiya ta haura shekara 60, a Yawuri ta tashi, ta san kwalekwale a kan kogin Kwara sarai, amma ba ta taɓa hawa teku ba. Ta tambaye ni ko dabbar ba ta kifar da jirgi, kuma ta tambayi yadda za ta yi da sallar magariba. Ina neman shawarar wanda ya taɓa zuwa.

Mazaunin Akureri ya amsa:

Wa alaikumus salam, Malama. Allah ya sa albarka a karatun, ya kawo Hajiya lafiya. Ina zaune a Akureri, tafiyar kamar sa'a ɗaya a mota daga Husabik, kuma na raka baƙi wannan fita sau da dama, safe da yamma.

Gaskiyar magana ita ce kifin wel ba ya aiki da agogo. Abin da ya kawo shi mashigin tekun Skiyalfandi, inda garin yake, shi ne abinci. Koguna biyu suna zuba a mashigin, ruwansu yana haɗuwa da na teku, dogon hasken bazara kuma yana sa ƙananan tsirran ruwa su yawaita. Ƙananan kifaye da 'yan mitsi-mitsin jatan lande su taru a kansu, manyan kuma su biyo baya. Dabbar da ta yi watanni a ruwan ɗumi kusan ba ta ci komai ba, idan ta iso nan ci take yi dare da rana. Saboda haka duk wanda ya ce miki an fi ganinsu da yamma, ko an fi ganinsu da safe, labarin ranar da ya je kawai yake ba ki.

Abin da fitar yamma take da shi daban abu uku ne, kuma na farkon ya fi sauran nauyi a wurina. Husabik tana dab da da'irar Atik, wato iyakar yankin can ƙuryar arewacin duniya inda rana takan ƙi faɗuwa a tsakiyar bazara, don haka a makonnin da ke kewaye da 21 ga Yuni duhu ba ya shiga ko kaɗan. Da misalin ƙarfe 9 zuwa 11 rana tana ƙasa-ƙasa ta wajen arewa maso yamma, haskenta ya yi ja-ja kamar na bayan la'asar sakaliya a gida, sai dai shi wannan yana daɗewa sa'o'i bai gushe ba. Duwatsun da ke yammacin mashigin suna da ƙanƙara a kawunansu har cikin bazara. Idan wel ya fesar da numfashinsa tsakaninki da rana, sai ki ga tururin ya haskaka kamar hayaƙin da wuta ta taɓa, kuma wannan yana sa a hango shi tun daga nesa. Da tsakar rana, musamman idan akwai gajimare, ruwa da sama da bayan dabbar duk launin toka ne.

Na biyu, a ranakun da rana ta buɗe, iskar teku takan taso bayan azahar, ta lafa da yamma, sai ruwa ya kwanta. Wannan ba doka ba ce. Idan guguwa ta zo daga arewa, mashigin a buɗe yake ta can, babu abin da zai tare ta, kuma akan soke fita gaba ɗaya. Na uku, jirage sun fi ƙaranci a lokacin, domin manyan motocin 'yan yawon buɗe ido sun riga sun wuce.

Farashin wannan kyau kuwa sanyi ne. Kada kalmar bazara ta ruɗe ku. A kan ruwa, da yamma, ga iska, ma'aunin zafi yakan sauka ƙasa da digiri 10, kuma sa'o'i uku za ku yi a tsaye ko a zaune a fili. Masu jiragen suna ba da babbar rigar sanyi mai haɗe da wando wadda ake sawa a kan tufafi, amma hula da safar hannu da safa mai kauri ku zo da naku. Hajiya ta sa wando a ciki, domin zani ba ya shiga wannan riga da daɗi, mayafi kuma a ɗaure shi sosai saboda iska.

Shawarata ta ƙarshe ita ce ku sayi tikitin daren farko da kuka isa, kada ku bari sai na ƙarshe. Idan an soke, ko aka fita ba a ga komai ba, kuna da gobe.

Malamin Halittu ya amsa:

Ina so in kwantar wa Hajiya hankali game da tambayarta, in kuma gyara wani abu kaɗan a harshenmu. Muna cewa kifin wel ne saboda rashin wata kalma, amma ba kifi ba ne. Dabba ce mai huhu, tana haihuwa, tana shayar da ɗanta nono. Tun da Hajiya 'yar bakin Kwara ce, a ce mata kamar ayu yake, wanda masunta suka sani yana ɗagowa ya shaƙi iska. Kada kuma a kira shi giwan ruwa, kamar yadda na ji wasu suna yi, domin giwan ruwa shi ne babban kifin nan da ake kamawa a Argungu, kuma shi kifi ne na gaske.

Wanda za ku fi gani a Skiyalfandi shi ne mai doro, wanda tsawonsa yakan kai mita 12 zuwa 16, nauyinsa kuma wajen tan 30. Ba shi da haƙora. A bakinsa akwai wasu faranti masu gashi da suke aiki kamar rariya: yakan kamfaci ruwa mai yawa tare da ƙananan kifaye, ya tura ruwan waje da harshensa, abincin ya maƙale. Maƙogwaronsa ƙarami ne ƙwarai idan aka gwada da girman jikinsa. A watan Yuni na 2021 wani mai nutso a gaɓar Masacusets ta Amurka ya faɗa bakin irin wannan dabba tana cikin kiwo, kuma cikin ƙasa da minti ɗaya ta tofar da shi da ransa. Ba ta farautar mutum, ba ta kuma neman jirgi da faɗa, jiragen katakon da ake fita da su kuwa tsofaffin jiragen kamun kifi ne masu nauyi, waɗanda aka ƙera don tekun da ya fi wannan hauka.

Yadda kallon yake tafiya shi ne, za a ga feshin numfashi, sai baya ya bayyana, ya nutse, ya sake bayyana sau uku ko huɗu ko fiye. Sannan dabbar ta lanƙwasa bayanta sosai, ta ɗaga jela sama, ta tafi ƙasa na wasu mintoci, sau da yawa biyar zuwa goma. Wannan lanƙwasa ita ce alamar a shirya kyamara. Zanen fari da baƙi da ke ƙarƙashin jelar ya bambanta daga dabba zuwa dabba kamar zanen yatsa, kuma da hotunansa masu bincike suka gane cewa waɗanda suke kiwo a Aisiland suna zuwa haihuwa a tekun Karibiyan, wasu kuma a tsibiran Kef Bad da ke yammacin Senegal. Akwai wani rukunin masu doro daga kudancin duniya da yake zuwa mashigin Gini, daga gaɓar Gabon har zuwa ta Benin, wajen watannin Yuli zuwa Oktoba, wato dabbar ba baƙuwa ba ce a tekunmu.

Tsallen nan da ake gani a talla, inda dabbar take fitowa da dukkan jikinta, yana faruwa, amma kada a sa rai da shi. Watan Yuni kuma yana cikin lokacin da shuɗin wel, mafi girman dabbar da aka sani a duniya, yakan leƙo wannan mashigi. Idan ba a dace ba, gidan tarihin wel da ke bakin tashar jiragen garin yana da ƙasusuwan wani mai tsawon mita 25 da teku ya turo gaɓa a 2010. Ku shiga can kafin ku hau jirgi, domin a kan ruwa kashi kaɗan na jikin dabbar ido yake gani.

Maman Biyu ta amsa:

'Yar'uwa, bayanan da aka yi miki daidai ne, amma ni zan faɗi abin da ya same ni don kada ya sami Hajiya. Mun je a watan Yuli, muka zaɓi ƙaramin jirgin roba mai gudu, saboda an ce ya fi kai mutum kusa da dabbar kuma sa'o'i biyu ne kacal. Ana zama a kansa kamar an hau sirdi, kuma duk igiyar ruwan da ya doka sai ka ji ta a ƙugu da gadon baya. Kwana biyu na yi ina ɗingishi. Mai shekara 60 ba ta da abin yi a wannan jirgi, kuma su kansu masu shi suna hana mai ciki da mai ciwon baya hawa. Ku hau na katako, ko da yake shi ma yana da nasa, domin yana layi hagu da dama a hankali, kuma wannan layin ne yake tayar da zuciya. Sanin kwalekwale ba ya hana jirin teku. A sha maganin jiri kamar sa'a ɗaya kafin tashi, bayan an tambayi mai kantin magani ko zai dace da magungunan da take sha, a ci abinci mara maiƙo, a zauna a tsakiyar jirgi a fili, a kafa ido inda sama ta haɗu da ruwa. Kallon waya shi ne ya kayar da mijina.

Abu na biyu da bai yi mini daɗi ba shi ne, matuƙinmu ya yi ta bin wata dabba guda, ga wasu jirage biyu su ma a kanta, har na lura ta daina ɗaga jela a natse, sai sauya hanya take yi. Daga baya na ji cewa ƙungiyar masu wannan sana'a a Aisiland tana da ƙa'idar da ta ce a rage gudu idan an zo mita 300, kada kuma jirgi ya matsa ƙasa da mita 50 sai dai idan dabbar ce ta zo da kanta. Ƙa'idar ta ganin dama ce, don haka ki tambayi kamfanin ko yana bin ta kafin ki biya. A nan na yarda da ɗan'uwanmu na Akureri cewa ƙarancin jirage da yamma alheri ne, ga mai kallo da abin kallon.

Baƙon Rekyabik ya amsa:

Game da salla, Malama, a ƙarshen Yuni rana tana faɗuwa a Rekyabik, babban birnin Aisiland, wajen ƙarfe 12 na dare, ta fito wajen 3, a Husabik kuwa akwai kwanakin da ba ta ɓuya gaba ɗaya. Jirgin da ya tashi ƙarfe 8 zai dawo wajen 11 rana tana sama, saboda haka a yi la'asar kafin a hau. Inda rana ba ta faɗi ba, malamai sun ce a ƙaddara lokaci, bisa hadisin kwanakin Dujal da ke cikin Sahihu Muslim. Wasu suna bin gari mafi kusa da yake da dare da yini, wasu suna bin lokacin Makka. Hajiya ta tambayi malaminta tun tana gida don zuciyarta ta natsu da abu guda.

Kada kuma ki manta cewa bizar Ingila ba ta shiga Aisiland. Ƙasar tana cikin yankin Shengen, wato ƙasashen Turai da ake shiga da biza guda, kuma mai fasfo ɗin Najeriya sai ya nemi wannan biza daban. Daga Rekyabik zuwa Husabik tafiyar wajen sa'o'i shida ce a mota, don haka a kwana huɗu ya fi sauƙi ku hau jirgin sama na cikin gida zuwa Akureri.

Ɗalibar Abadin ta sake rubutawa:

Na gode muku ƙwarai, Allah ya saka da alheri. Na karanta wa Hajiya amsoshin ta waya, kuma maganar ayu ce ta fi shigarta, har ta ba ni labarin wanda aka taɓa kamawa tana yarinya. Mun tsayar da jirgin katako, fitar ƙarfe 8, a daren farko, kuma na gaya wa yayana ya fara neman mata bizar Shengen tun wannan makon. Maman Biyu, don Allah babbar rigar nan da suke bayarwa, a kan tudu ake sawa kafin a hau, ko sai an shiga jirgi? Ina tambaya ne saboda gwiwar Hajiya ba ta son tsayuwa a kan ƙafa ɗaya.