Fim babu hoto babu labari, fim ne ko shirin rediyo?

Malam Sani: Jama'a ga magana. A 1930 wani Bajamushe Walter Ruttmann ya yi wani aiki a birnin Balin mai suna Wochenende, wato ƙarshen mako, kusan minti 11, ba hoto ko ɗaya, sauti zalla. Ƙarar zarto da guduma da injina ce ta buɗe shi, sai a tashi daga aiki, mutane su fita bayan gari shan iska, ka ji ƙararrawar coci da waƙe-waƙe, daga nan a koma bakin aiki. Ni a wajena fim ne cikakke.

Hauwa: Haba Malam, abin da a rediyo aka saka shi? Mu da muka tashi da wasan kwaikwayon rediyo mun san wannan ai, ƙofa ta yi ƙara ka san maigida ya shigo, kuma ba wanda ya taɓa ce masa fim.

Malam Sani: Malama Hauwa duba yadda aka yi shi. Lokacin kaset bai zo ba, a jikin zaren fim ya ɗauki sautin, ya bi shi da almakashi yana yankawa yana liƙawa yadda ake yi wa hoto, shi ya sa guduma na bugawa sai muryar mutum ta katse ta a tsakiya, kuma wannan yankan shi ne aikin fim. Wasan rediyo kuwa da baki ake gaya miki abin da ya faru.

Yaya Bashir: Ni ina bayan Hauwa amma ba duka ba. Derek Jarman ɗan Ingila ya yi Blue a 1993 idonsa na mutuwa saboda ciwon ƙanjamau, shuɗin launi kawai ake gani tun daga farko har ƙarshe, sai muryoyi da kiɗa. Shi dogo ne, ya wuce awa ɗaya. Wallahi wannan na yarda fim ne, don ka zauna kana kallon abin da mai makancewa yake gani. Ido na da aiki a ciki. Na Ruttmann ido bai da komai.

Hauwa: Yauwa Yaya. Kuma shi ma Blue ɗin an saka shi a tashar talabijin ta Channel 4 da kuma rediyon BBC lokaci guda fa.

Malam Sani: To wanda ya ji a rediyo ranar nan, ya rasa wani abu ko bai rasa ba?

Yaya Bashir: Ya rasa Malam, sosai ma. Shuɗin nan shi ke hana idonka yawo cikin ɗaki.