Ƙanena ya bar sara-suka ya ce ya karɓi Yesu, mu yarda da shi?

Maman Rahila:
Salama a gare ku 'yan'uwa. Ƙanena ya yi shekara 6 cikin 'yan sara-suka a nan Jos, ƙwaya ba irin wadda bai sha ba, har keken ɗinkin mamarmu ya ɗauke ya sayar. Wata 3 kenan da ya je taron farkawa ya fita gaba yana kuka ya ce ya tuba, yanzu baftisma yake nema. Ni dai har yau in ya shigo ɗakina sai na tura jakata ƙarƙashin filo, kuma abin yana ci min rai. Dan Allah irin wannan tuban yana ɗorewa?

Dattijo_B:
'Yata, yana ɗorewa. Nicky Cruz ɗan Puerto Rico ne da ya shugabanci 'yan daban Mau Maus a Brooklyn, birnin New York. A 1958 wani fasto daga Pennsylvania, David Wilkerson, ya bi su har unguwarsu yana musu wa'azi, Nicky ya mare shi ya ce zai kashe shi, faston ya dage yana gaya masa Yesu na ƙaunarsa. Da Nicky ya tuba shi da yaransa suka kai makamansu wurin 'yan sanda, ya shiga makarantar Littafi Mai Tsarki a California ya zama mai bishara. Ba a bar shi a unguwar nan ba fa, cire shi aka yi.

Ladi K:
Yaya kar ki ga laifin kanki. Ko Shawulu, wato Manzo Bulus wanda a da yake tsananta wa masu bin Yesu, da ya tuba ya zo Urushalima almajirai tsoronsa suka ji, sai da Barnaba ya kai shi wurin manzanni, duba Ayyukan Manzanni 9:26-27. A nemo masa dattijo ɗaya a majami'a da zai riƙe shi.

Bulus mai walda:
Ni na yi wannan rayuwar, Anti. Kukan gaban bagade ba wuya, wahalar tana ranar da tsofaffin abokai za su kira shi da dare aljihu ba ko sisi. Ya canja layin waya, ya kama sana'a. Zancen keken mama fa, ya taɓa ɗagowa da kansa? Zakka mai karɓar haraji ma, na cikin Littafi Mai Tsarki, cewa ya yi zai mayar wa waɗanda ya cuta ninki huɗu.

Maman Rahila:
Ya ɗago, ranar Lahadi ya kai mata dubu 5 daga kuɗin leburanci, ta karɓa tana hawaye. Yaya Bulus ko shagonku na ɗaukar yaran koyo?