Wai da gaske a Samoa sai mai sarauta ne kaɗai ke tsayawa takarar majalisa?

Dan_Ringim:
Assalamu alaikum jama'a. Dan Allah masu bin labaran ƙasashen waje ku warware min wannan, jiya a majalisarmu ta bakin kasuwa aka yi ta musu a kan wata mata ƴar Samoa wai ita Fiame Naomi Mata'afa, wani ya ce basarakiya ce kuma ta yi minista har ta zama firayim minista. Ni abin ya ɗaure min kai, tunda a nan ko dagacinmu aka gani da hular jam'iyya sai hakimi ya kira shi. Ya ake haɗa rawani da siyasa a can?

Malamin_Firamare:
Wa'alaikumus salam. Gaskiya ne ɗan'uwa, Fiame ɗin ma ba sunan yanka ba ne, sarautar gidansu ce ta garin Lotofaga. Samoa tsibirai ne a tekun Fasifik, mutanensu kamar dubu 200 ne, ko rabin wata ƙaramar hukumar birnin Kano ba su kai ba. Masu sarautarsu ana ce musu matai kuma dokarsu ta ce sai matai zai shiga majalisa, kai har 1990 ma su kaɗai ke jefa ƙuri'a, zaɓen 1991 ne talaka ya fara dangwala. Mahaifinta shi ne firayim ministansu na farko da suka samu ƴanci daga New Zealand a 1962, ya rasu 1975, ita kuma ta shiga majalisa 1985, a 1991 aka ba ta ministar ilimi, mace ta farko da ta taɓa zama minista a ƙasar, ta yi shekara 15 a kujerar. Daga nan ma'aikatar mata, sai shari'a, 2016 ta zama mataimakiyar firayim minista.

Baba_Gumel:
To yaro ai wannan ba baƙon abu ba ne a wajenmu. Sardauna ba hakimin Rabah ya yi ba kafin ya zama firimiya? Zamanin En'e sarakai ke riƙe da kotu da ƴan doka da gidan yari, mun gani da idonmu, kuma abin da NEPU ta yaƙa ke nan. Ni dai ba na son a koma, in talaka ba zai iya tsayawa takara ba sai da rawani to an zalunce shi ko a wace ƙasa ce.

Malamin_Firamare:
Baba Allah ya ƙara girma, maganarka gaskiya ce amma akwai bambanci. Matai ba daga sama ake naɗo shi ba, dangi ne ke zama su zaɓi wanda zai riƙe sunan gidan ya kula da gonakin gado, shi ya sa suna da yawa ƙwarai, kusan kowane babban gida da nasa. Ya fi kama da maigidan gandu a kan hakimi. Kusan kashi 80 na ƙasarsu ma ta gado ce ba a sayarwa, har kotu ta musamman gare su ta filaye da sarautu.

Maman_Khadija:
Ni wlh abin da ya burge ni a kan wannan kotun ne Fiame ta ajiye muƙaminta a 2020, gwamnatin firayim minista Tuilaepa ta kawo dokar da za ta raba kotun da ikon kotun ƙoli ita ko ta ce ba da ita ba, ta bar kujerar mataimakiya sukutum. Da ta ci zaɓen 2021 da jam'iyyar FAST aka garƙame ƙofar majalisa, a cikin rumfar tanti aka rantsar da ita ran 24 ga Mayu, sai a Yuli kotun ɗaukaka ƙara ta tabbatar mata. Tuilaepa ɗin da ta kayar tun 1998 yake kan mulki fa. Mu nan Jigawa mata nawa ne ma suke samun tikitin kansila, ga mu mu ne muke cika layi ranar zaɓe tun da asuba.

Dan_Ringim:
Na gode ƙwarai. Malam to in dangi suka rabu biyu a kan wa za a ba sarautar fa, waccan kotun ce ke yanke hukunci?

Malamin_Firamare:
Ita ce, kuma shari'ar kan ɗau shekaru. Ita kanta Fiame sai da aka je gaban kotun a kan sarautun mahaifinta bayan rasuwarsa.