Muhawarar masu gyara: a sauke wevtapi.dll ko a bari?

Mai siber (shagon intanet) na unguwar Zariya, Maraɗi: Salamu alaikum. An ɗauke wuta jiya da dare ina tsakar aiki. Da safe na kunna kwamfuta, Windows 10 ce, sai ga saƙo wai fayil ɗin wevtapi.dll ya ɓace ko ya lalace. Manhajoji biyu sun ƙi buɗewa, ga ɗalibai a layi da takardu. Me zan yi?

Tsohon mai gyara na babbar kasuwa: Wa alaikumus salam, Alhaji. Abu mai sauƙi. Rubuta sunan a intanet, ka sauke shi, ka jefa cikin System32, jakar fayilolin Windows, ka sake kunnawa. Duk DLL, wato fayil ɗin da manhajoji ke dogara da shi, in ya ɓace maganinsa ke nan. Tun zamanin XP haka nake yi.

Ɗalibar jami'a: Baba, da girmanka, amma wanga magani ina jin tsoronsa. wevtapi.dll na Windows ne kansa. Ta cikinsa manhajoji ke karanta rajistar abubuwan da ke faruwa a na'ura, wadda manhajar eventvwr ke nunawa. Kowane sabuntawa na iya sauya shi, dole ya dace da sauran. Wanda aka ajiye a wani shafi, wa ya san na wane Windows ne, wa ya san abin da aka cusa ciki?

Tsohon mai gyara: Ɗiyata, na gaba ya yi gaba. Na yi wa yara masu wasan ƙwallo a kwamfuta haka ba adadi, ba wanda ya dawo da kuka.

Ɗalibar jami'a: Waɗancan ai irin su d3dx9 da msvcr ne, Baba, na DirectX da Visual C++. Su raka manhaja suke yi, shi ya sa dabarar kan ci wani lokaci, ko da yake su ma gara a girka su daga Microsoft. Wanga kuwa a hannun TrustedInstaller, mai gadin fayilolin Windows, yake, ko mai cikakken iko ba ya taɓa shi sai ya ƙwace mallaka. Ga wani tarko kuma: a Windows mai 64-bit, jakar System32 ta fayiloli masu 64-bit ce, SysWOW64 kuma ta masu 32-bit. Sunayen a birkice suke, mutum sai ya sa kowa a ɗakin wani.

Malamin makaranta na unguwar Ali Ɗan Sofo: Kuma Malam, a XP babu ma wevtapi.dll. Da Vista ya zo. XP ta advapi32.dll take rubuta rajista, a .evt, ba .evtx ba. In ka ga saƙon a XP, manhajar ce ta fi ƙarfin na'urar.

Tsohon mai gyara: To malamai, ku faɗi naku mu ji.

Ɗalibar jami'a: Alhaji, buɗe cmd, tagar rubuta umarni, da ikon mai gida (administrator), ka rubuta sfc /scannow. Zai gwada fayilolin da ajiyar Windows da ke WinSxS, ya maido wanda ya lalace. In ya ce ya kasa, sai ka gyara ajiyar kanta da DISM /Online /Cleanup-Image /RestoreHealth, sannan ka maimaita sfc. Bayanin abin da ya yi yana cikin CBS.log.

Tsohon mai gyara: Ahaf! DISM ɗin nan intanet yake sha. Ke ce za ki saya mishi mega? Mu da muke aiki da mutanen ƙauye masu zuwa da na'ura cikin buhu, ranar kasuwa su juya kafin la'asar, ba mu da wannan lokaci.

Malamin makaranta: Nan kam yana da gaskiya. Amma ana iya nuna wa DISM kile (USB) mai ɗauke da Windows iri ɗaya ya ɗiba daga can. Ko a kwafo fayil ɗin daga wata kwamfutar siber ɗin, in dai sigarsu ɗaya har sabuntawa.

Tsohon mai gyara: Ka gani? Kwafowa dai, abin da na faɗa.

Ɗalibar jami'a: Ruwan randar gidanku daban, ruwan kududdufi daban, Baba.

Mai siber: Ku dakata. sfc ya gama, ya ce ya sami ɓarna ya gyara. Komai ya buɗe, alhamdulillahi. Sai dai na leƙa eventvwr, jan alamun kuskure sun cika ko'ina. In share duka ko za ta ƙara gudu?

Ɗalibar jami'a: Kar ka share! Manyan rajistocin wajen mega 20 kowace take tsayawa, sabo na danne tsoho, ba su nauyaya komai. Karanto mana lambobin da ke ƙarƙashin System.

Mai siber: Akwai 41 da 6008. Sai 7 da yawa, an rubuta disk a gefe.

Malamin makaranta: 41 da 6008 shaidar mutuwar bazata ce, ɗauke wutar jiya. Lamba 7 ce abin tsoro: faifan ajiyar na'urar ya fara samun gurbin da ba ya karantuwa. Wataƙila shi ya ci fayil ɗin.

Tsohon mai gyara: Wato naku ma ba zai daɗe ba, gobe wani DLL zai tafi. Alhaji, kwashe takardun mutane a kile yanzu, kafin ka ci abinci.

Ɗalibar jami'a: Amma da an bi taka, Baba, da wa zai ga lamba 7?

Tsohon mai gyara: Da kunnena zan ji ƙarar faifan. Alhaji, aiko yaro da ita bayan azahar, ina da faifan ajiya irin SSD a shago.