Abin da aka ɗora a intanet ya daina zama sirri?

Baban Ummi (Admin): Salamu alaikum. Na goge adireshin Google Drive ɗin da aka turo jiya. Fayil ne da wasu masu sauya jinsi a nan Abuja suka haɗa tsakaninsu: sunaye, hotuna, lambobin waya, har da takardun asibiti.

Ɗan Kubwa: Ni na turo, kuma ina nan kan bakana. Da hannunsu suka ɗora. Wanda ya shanya kayansa a bakin titi ba zai hana mutane kallo ba.

Barista: Ƙanena, ba a titi suka shanya ba. Wa junansu suka buɗe, sai dai an saita shi yadda duk mai adireshin zai iya shiga, wani kuma ya fitar. Dokar kare bayanan jama'a ta 2023 ta sa lafiyar mutum da abin da ya shafi shimfiɗarsa cikin bayanan da ake tsananta kariyarsu. Sakacin mai fayil bai zama izini gare ka ba.

Ɗan Kubwa: Yallaɓai, ai ƙasar nan ta haramta auren jinsi tun 2014.

Barista: Ta haramta, har da ɗaurin shekara 14. Amma ina ta ce ka raba takardar asibitin wani?

Hajiya Babba: Ni dai addinina bai yarda da sauya halitta ba, ba zan ɓoye ba. To amma addinin nan ne ya hana bin diddigin asirin mutane, a duba Suratul Hujurat, aya ta 12. Ɗana, nasiha daban, tonon silili daban.

Anti Nas: Abin da ya hana ni barci shi ne lambobin wayar. A watan Agustan 2024 aka tsinci gawar Abuja Area Mama, wata mai sauya jinsi da ta yi suna a TikTok, a gefen titi wajen Katampe. Hoton da aka ɗauka da waya kan ɗauke da bayanin wurin da aka ɗauke shi. Wallahi mugu ɗaya ya isa ya kai ƙofar gidan wani. Kuma wa ya tabbatar duk sunayen gaskiya ne? In an ba da damar gyara, kowa na iya ƙara sunan maƙiyinsa.

Ɗan Kubwa: Anti, to iyayensu fa? Ba su da haƙƙin sani?

Hajiya Babba: In ka san uban, je ka same shi a gida, ku biyu.

Baban Ummi (Admin): Duk wanda ya sauke fayil ɗin, don Allah ya goge daga wayarsa yau. Wanda ya sake turowa zan cire shi.