Abin da masu zuwa Kyoto suka ce kan yawon haikalai da lambuna

A wata tattaunawa kan yadda ya fi dacewa a ziyarci haikalai da lambunan Kyoto, wani birni a ƙasar Japan, yawancin waɗanda suka tofa albarkacin bakinsu kan abu ɗaya suka tsaya: a yi sammako. Haikalin Kiyomizu-dera ƙarfe 6 na safe ake buɗe shi, kafin cunkoso ya sauka. Takalmi kuwa a sa mai sauƙin cirewa, da safa marar huji, don sai an tuɓe kafin a taka daɓen katako.

An fi daɗewa ana muhawara kan Ryoan-ji, lambun tsakuwar nan mai duwatsu 15 da ba sa ganuwa duka daga wuri ɗaya. Wasu suka ce ɗan jagora ya yi bayani tukuna. Ni dai ina bayan masu cewa a bar mutum ya zauna shiru. Haikalin Saiho-ji kuma, sai ka nemi izini tun kafin ranar ziyara.