Taskar Inuwa: ilimi ne ko tsafi?

Marubucin Ƙofar Soro: Assalamu alaikum jama'ar zaure. Raina a ɓace yake wallahi. Jiya aka cire ni daga wani zauren marubuta, wai ina yaɗa shirka. Laifina shi ne labarin da nake rubutawa yana da wani ɗakin karatu da na ƙaga, Taskar Inuwa, a ƙarƙashin ƙasa daura da hasumiyar Gobarau. Ba a shiga da fitila. Hasken wata ne ke saukowa ta wata 'yar kafa, inuwar mai karatu kuma ita ce ke tashi ta ɗauko masa kundin da yake nema. Malaman wurin suna tsaron ilimin ɓoye: hatimi, hisabi, taurari, zanen ƙasa. Wurin nan babu shi a duniya, kuma ban saka ko ɗalasimi ɗaya a ciki ba. Don Allah, wanda ya ƙaga irin wannan a labari ya yi laifi?

Abu Sumayya: Wa alaikumus salam. Ɗan'uwa, ka ce "ilimi"? Tun daga nan ka zame. Sihiri ba ilimi ba ne. Duba Baƙara aya ta 102, inda aka ambaci Haruta da Maruta a Babila: suna koyon abin da ke cutar da su, ba ya amfanar su. A hadisin abubuwa bakwai masu halakarwa, wanda Bukhari da Muslim suka ruwaito, sihiri ne ke bin shirka.

Almajirin Soro: Allah ya gafarta Malam, ai ayar da ka kawo "koyo" ta ce. Abin da ake koyo kuwa ilimi ne, sai dai a ce mai cutarwa. Mashahurin masanin tarihi Ibn Khaldun ya ware wa sihiri da ɗalasimai babi a cikin lissafin fannonin ilimi, sannan ya ce shari'a ta hana su.

Abu Sumayya: To ni kwartanci ma ana koyonsa. Shi ma ilimi ne?

Maman Yara: Subhanallahi. Malam a tausasa harshe, akwai mata da yara a zauren nan.

Dattijon Gobarau: Yaro, kada su razana ka. Katsina ta fitar da wanda ya fi duk malaman taskarka. Muhammad ɗan Muhammad al-Fulani al-Kashinawi ya tashi daga nan, ya yi hajji, ya zauna a Alƙahira har ya rasu a 1741 a gidan Hasan al-Jabarti, mahaifin mashahurin marubucin tarihin Masar. Shi ya wallafa Durrul Manzum a kan ɗalasimai da taurari, ya kuma yi rubutu a kan yadda ake gina hatimi. Ɗauki mai gida tara: ka jera 1 zuwa 9, ka sa 5 a tsakiya, 4 da 9 da 2 a sama, 8 da 1 da 6 a ƙasa, 3 da 7 a gefe. Duk ta inda ka haɗa, tsaye ko kwance ko karkace, 15 za ka samu. Yau masana tarihin lissafi na ambatonsa saboda wannan. A ce min wannan ba ilimi ba ne?

Abu Sumayya: Baba, da girmanka. Lissafin halal ne. Amma ba don lissafi ake wanke hatimin a allo a ba mace ta sha don ta mallake miji ba.

Almajirin Soro: Ku dama ko rubutun sha na ayar Alƙur'ani bidi'a ne a wurinku.

Abu Sumayya: Su wane ne "ku"? Fito fili ka faɗa.

Bakano Na Kurmi: Katsinawa an fara. Mutum ya bar muku gari ya mutu a Masar, yanzu kuna tutiya da shi. Littattafan nan da kuke ta ɓoye-ɓoye a kansu ga su nan a rumfunan littattafai na Kurmi, bugun Masar da Bairut, an jera su kusa da Ishiriniya. Wace taska kuma?

Jikan Ardo: A dai riƙa karanta sunan har ƙarshe. Al-Fulani aka ce.

Hajiyar Maraɗi: A 1741 ko jihadi ba a yi ba, sai 1804. Katsinar da ya sani ta sarakunan da suka koma Maraɗi ce, har gobe sarkinmu Sarkin Katsina ake ce masa. In gado ake rabawa, mu ma da rabonmu.

Dattijon Gobarau: Hajiya, sarauta ce ta yi ƙaura. Unguwannin malamai suna nan inda aka bar su.

Bakano Na Kurmi: Ni na ji an ce ainihin littattafan asirin suna Tambutu, shi ya sa aka ƙona su.

Maman Yara: Wa ya ce? Abin da aka sani, a Janairun 2013 masu ɗauke da makamai sun ƙona rubuce-rubuce kusan 4,000 a Cibiyar Ahmad Baba, sauran dubban ɗaruruwa kuma an riga an kwashe su a ɓoye zuwa Bamako. Akwai fiƙihu a ciki, da nahawu, da magani, da takardun ciniki.

Marubucin Ƙofar Soro: Jama'a, tambayata fa? Labarin nawa?

Abu Sumayya: Ka goge kalmar "malaman" ka sa "bokayen", ka goge "ilimi" ka sa "tsafi", sannan mu yi magana.

Almajirin Soro: To Shehu Abdulƙadir ɗan Tafa, jikan Shehu Usmanu, da ya yi rubutu a kan ilimin asirai, shi ma boka ne?

Abu Sumayya: Kada ka sa min magana a baki.

Mai Kula da Zaure: To, ya isa haka. Ga abin da na fahimta. Baba Dattijo ya kawo suna da shekara da littafi, kuma babu wanda ya iya tunkuɗe su, don haka an tabbatar Katsina gidan wannan ilimi ce tun kafin wasu su san allo. Malam Abu Sumayya ya kawo aya da hadisi, muna girmama su, amma zafin ya yi yawa. Maganar Kurmi da ta Maraɗi ba su da alaƙa da batun. Na rufe sharhi zuwa bayan Isha'i, kuma duk wanda ya ƙara kiran magabatanmu bokaye zan fitar da shi.